Gumbar da Inna Ta Yi wa Mawaƙiyar Ingila

Tun da maigidana ya rasu gidan nan ya yi mini faɗi. Ba wai babu mutane ba ne. Jikoki sun cika tsakar gida, amma kowa da salularsa a hannu da igiya a kunne, kai na kaɗawa, baki na motsi, ni da ke zaune kusa da su ba na jin komai. Rannan na tambayi babbarsu me take saurare, ta zare igiya ɗaya ta sa mini a kunne, kafin in kama kan waƙar ta riga ta share ta da yatsa ta wuce wata. Na shiga ɗaki na yi kuka mai isata, ba don ta yi mini laifi ba. Na tuna lokacin da waƙa ɗaya ke tara unguwa guda a zaurenmu, a yi mako ana gardama a kanta a bakin rijiya. Shi ya sa na ce wa ɗiyata ta zauna ta rubuta abin da zan faɗa, tunda ni ban yi karatun boko a lakwal ba, allon ma ban yi nisa ba.

Daga Aderbissinat aka kawo ni. Gidanmu a bakin hanya yake, na tashi cikin ƙarar manyan motocin kamiyo da ihun masu sayar da fura, kuma ni kaina murya gare ni kamar ta mai kiran awaki. A nan maigidana ya gan ni, lokacin yana shofer tsakanin Damagaram da Agadez. Da aka kawo ni tsohon garin Agadez sai na ji kamar an sa ni cikin tulu an rufe. Lunguna ƙanana, katangu dogaye, ba ka jin komai sai kiran salla daga hasumiya, da gudumar maƙera tana ƙwal-ƙwal a kan azurfa, da amon turmi daga gidan da ba ka gani. Ban san kowa ba. Shi kuma ya bar dogon tuƙi ya koma ɗaukar anasara masu aikin kuran, wato wutar lantarki, zuwa Anu Araren, sai ya yi kwanaki can. Gidan ya zama daga ni sai mahaifiyarsa, wadda kowa ke kira Inna, sai akuya guda a turke.

A zamaninmu amarya ba ta magana da uwar mijinta ido cikin ido. Za ki durƙusa ki gaishe ta kanki a ƙasa, ki ce to, ki tashi. Inna ma ba ta yi mini magana kai tsaye, don a wurinta wannan zubar da girma ne. Akuyar take gaya wa. Sai ta tsaya a bakin turke da kwanon dusa ta ce, "Ke baƙa, a gaya wa mutanen Aderbissinat a nan garin gishiri ba kyauta ake samunsa ba, a rage hannu a miya." Ni kuma ina gindin murhu, sai in rage. Wata rana ta ce, "Ke baƙa, furar yau ta yi." Ranar har na kasa cin abinci don daɗi. Ba mugunta ba ce, haka aka yi mata ita ma. Amma ga yarinyar da ta saba da surutu, sai ranar ta yi tsawo. In share, in ɗebo ruwa, in surfa, in daka, in yi wanki, bakina a rufe har ya yi tsami.

Sai kuran ya iso lungunmu, bayansa maigidana ya shigo da tele a kafaɗa yana haki. Cikin anasaran da yake ɗauka akwai wani ɗan Ingila, dogo, wanda rana ta gasa wa wuya har ake ce masa Jan Wuya. Ƙanwarsa a can ƙasarsu tana ɗaukar masa wani shirin waƙoƙi da ake yi a telensu kowane mako, in kaset ya cika ta aiko. In ya gama kallo sai ya miƙa wa maigidana. Da ya sayi sabon manyato kuma, na'urar da ake kunna kaset ɗin da ita, sai ya bar masa tsohon. Inna ta zagaya kayan nan tana kallonsu kamar kayan boka. Ta ce wa ɗanta, "Abin da ke magana ba ya jin amsa ba baƙon kirki ba ne. Na bar shi a zaure, ba cikin gida ba. Amma ka ji da kyau: ranar da ya mai da ni abin dariya a unguwar nan, ranar zai kwana a juji." Inna kuwa ba ta maimaita magana. Ta taɓa korar rediyo saboda ya yi tari a tsakiyar addu'arta.

Kowane kaset yana ɗauke da makonni da yawa, amma maigidana, Allah ya jiƙansa, mutum ne mai son tsari. Ya ce yadda mutanen Ingila ke kallo mako-mako haka mu ma za mu yi. Ran Alhamis yake dawowa daga Anu Araren, saboda haka Alhamis bayan la'asar ta zama ranar. Tun azahar nake share zaure, in yayyafa ruwa, in shimfiɗa tabarmi, in cire ƙyallen da na rufe telen da shi don yashi. Maza a gaba, mata a baya, yara a ƙofa suna leƙe ta ƙarƙashin hammata. Ni wurina can ƙurya bayan buhunan gero, inda nake hango rabin allon ta tsakanin kawuna. Amma wannan ƙuryar ita ce duniyata. A nan na fara jin matan unguwa na kirana da suna, a nan na fara dariya a garin Agadez ba tare da na toshe baki ba.

Kaset ɗin Ingila bai jitu da telenmu ba, sai hoton ya fito fari da baƙi, ba launi. Mun ɗauka haka ƙasarsu take, kullum kamar hadari. Akwai wani mai surutu da ke riƙe da abin magana, ƴan mata sun kewaye shi suna tsalle, muka sa masa Sanƙira. Shi ke kiran mawaƙa, a ƙarshe kuma ya jero su daga ƙasa zuwa sama. Maigidana ya yi mana bayani cewa wanda aka fi sayen faifansa shi ke hawa. Maƙerin bakin lungunmu, wani tsoho mai baki, abokin wasan Inna, ya ce, "A'a, ka ce mana kokawa ce kawai. Lamba ɗaya shi ke da takobi." Daga ranar kowa ya kama nasa gwani. Ba mu jin kalma ɗaya, ba mu san sunan kowa ba, sai muka raɗa musu namu. Akwai Mai Kukan Raƙumi. Akwai Ƴan Tsaki, wasu samari ramammu da gashi tsaye kamar tukkun zakara, su ne na Maƙeri. Akwai wani da ya yi kwalliya har aka yi mako biyu ana musu ko mace ce ko namiji, daga baya aka bar wa Allah.

Da farko Inna ba ta shiga. Takan wuce ta ƙofar zaure da buta kamar hanya ce ta biyo da ita. Sai ta fara tsayawa. Wata Alhamis ta tsaya ta daɗe tana kallon mai gangar Ƴan Tsaki, ta ce, "Wannan yaron hannunsa na sauka bayan amon ya riga ya wuce. Wani ke yi masa kiɗan a bayan labule." Maƙeri ya ce, "Tsohuwa, idonki ne ya makara." Ta ce, "Idon da ya gano dalma a zoben da ka ƙera mini?" Zaure ya ɗauki dariya. Mako na gaba ta aiko a shimfiɗa mata tabarmarta a gefe, inda ake ganin allon duka.

Sai aka nuno wata yarinya. Ita kaɗai ta fito, ba ƴan rawa, ba ƴan amshi, ba mai gitar a bayanta. Gashinta fari fat kamar kantun gishiri, shi ya sa muka ce mata Ta Fachi, garin da ayari ke ɗauko gishiri. Tana tsaye wuri ɗaya, ta rufe ido, muryarta ta fara can ƙasa ta yi ta hawa har sai ka ji tsikar jikinka ta tashi. Inna ta ajiye tasbaha a cinya. Da aka gama ta ce, "Wannan ba ta da kowa. Dubi duk sauran da gayyarsu suka zo. Ita an turo ta fili ita ɗaya cikin maza." Tun daga nan Ta Fachi ta zama ɗiyar Inna. Mako-mako tana hawa, matan unguwa na guɗa, har ta kai lamba biyu. A samanta ba kowa sai Ƴan Tsakin Maƙeri.

Makon nan unguwa ba ta zauna ba. In Maƙeri ya hango Inna sai ya ɗaga guduma sama kamar takobi ya yi taku irin na ƴan kokawa.  Inna ta aika kasuwa aka sayo dabino na Fachi da cuku, ta auna gero da hannunta. Ta tsaya a bakin turke ta ce, "Ke baƙa, a gaya wa mutanen Aderbissinat ran Alhamis da safe akwai daka. Sadaka zan yi wa yarinyar nan, Allah ya ɗora ta a kan ƴan iskan Maƙeri." Haka ake yi wa ɗan kokawar gari in zai shiga fili, haka ake yi wa matafiyi. Har liman ta aika wa cewa a sa wata marainiya a addu'a, ba ta dai faɗa masa marainiyar ina ba ce.

Wannan makon maigidana ya dawo tun Laraba. Da ya ji labarin sadaka sai na ga fuskarsa ta canja. Ya shiga zaure ya rufe ƙofa wai zai goge manyato. Da ya fito ya same ni ina tankaɗe, ya tsuguna ya yi ƙasa da murya.

"Mun shiga uku. Na leƙa gaba."

"Wane gaba?"

"Gaban kaset. Ta faɗi. Ba ma lamba uku ba, ta gangara can ƙasa. Mako na bayansa babu ita sam."

Na ce, "To ai ba a yi ba tukuna, sai gobe. Ka bari a yi sadakar mana."

Ya dafe kai. "Ke ma? An yi an gama tun kafin azumin da ya wuce! Kaset ɗin nan sai ya yi watanni a hanya, ya yi wasu a ɗakin Jan Wuya. Abin da za a gani gobe yana kwance a ciki kamar dabino a buhu."

Wallahi ban taɓa kawo haka a raina ba, kuma na san matan unguwa ma haka. Shi bai yi mana ƙarya ba, bai dai faɗa ba, don ya ga daɗin da muke ji. Amma yanzu Inna za ta tara mutane ta raba sadaka a kan kokawar da aka riga aka share filinta. Cikin samarin da ke zuwa akwai ƴan lakwal da suka san yadda abin yake, kuma in magana ta kai kunnen Maƙeri, Inna ta zama labari har a Tchirozérine. Tele zai tafi juji. Ni kuma in koma gindin murhu, daga ni sai jiran abin da za a gaya wa akuya.

Ya ce, "Zan ce manyato ya yi pan, yashi ya shiga ya lalata shi."

Na ce, "Alhamis ta sama fa?"

"Ya sake yin pan."

"Har yaushe? Inna da ta gane mai ganga, kai ne ba za ta gane ba?"

 Na ce ya je ya gaya mata gaskiya. Mutumin da ke ratsa Tenere da mota ba ya tsoro, sai ga shi ya ce shi dai a kashe shi ya fi masa sauƙi.

Da safe na yi daka, na haɗa gumba da dabino da cuku, na mulmula na jera a faifai. Inna na zaune a inuwar katanga tana kallon aikin.  Na ɗauki kwanon dusa, abin da ban taɓa yi a gabanta ba, na je bakin turke na durƙusa. Na ce, "Ke baƙa, a gaya wa masu gida, abin da ke cikin akwatin can tsohon labari ne. An yi shi tun kafin azumi. Yarinyar ta riga ta faɗi. Mutanen Aderbissinat sun ji tsoron kada a yi wa masu gida dariya."

Akuya ta ci dusarta.  Na jira a ce in tattara kayana.

"Ɗago kanki."

Ban gane da ni ake ba. Na dubi akuyar.

"Ke nake wa magana, ba ita ba. Ita ta ƙoshi da saƙo."

Na ɗago. Ranar na fara ganin idon Inna sosai. Ta ce, "Uban mijinki madugu ne, da ayari yake zuwa Fachi ɗauko gishiri. Duk labarin da na taɓa samu nasa tsoho ne. In aka ce mini yana lafiya, lafiyar watan jiya ce. Tafiyarsa ta ƙarshe, ina nan ina daka masa gumba kowace Juma'a Allah ya dawo da shi, ashe ya daɗe a ƙarƙashin yashi. Sai da raƙumansa suka shigo gari ba shi na sani. Kina tsammani gumbar nan ta zube a ƙasa?"

Na ce, "A'a, Inna."

"Allah da na ba wa ya san inda ya kai ta. Yarinyar tana da rai a garinsu?"

"Ina jin haka, Inna."

"To wadda aka kayar ai ta fi mai takobi bukata. Ƙara dabino." Sai na ga gefen bakinta ya motsa. "Kada ki gaya wa mijinki na sani. Bar shi ya sha zufarsa."

Bayan la'asar zaure ya cika har ba wurin sa ƙafa. Inna ta zauna a ƙofa da faifai, duk mai shiga ta miƙa masa dunƙule. Maƙeri ya karɓi biyu, ya ce ɗaya na gudumarsa ne. Maigidana ya durƙusa gaban manyato yana ta hura shi yana bubbugawa, rigarsa ta jiƙe sharkaf. Ya ce, "Jama'a, ina jin yau abin nan ya yi pan."

Inna ta ce, "Danna na tsakiyar nan da kake dannawa kullum."

Ya danna. Sanƙira ya fito da ƴan matansa, aka yi waƙoƙi, aka zo jeri. Tun ana can ƙasa sai ga farin kan Ta Fachi ya bayyana. Matan suka yi salati. Ƴan Tsaki suka riƙe takobinsu. Maƙeri ya miƙe da tsufansa ya yi juyi a tsakiyar tabarma har rawaninsa ya kwance.

"Tsohuwa, gumba ta tafi a banza! Gero ya yi asara, dabino ya yi asara!"

Inna ta bari ya gama. Ta ce, "Zauna kada ƙugunka ya gurɗe a kan abin da aka gama tun kafin azumi. Ni na san ta faɗi kafin in ba ka gumbar, ta jaje ce ka ci, har biyu. Kai ne ke rawar takobin da wataƙila yanzu yana hannun wani. Je ka tambayi yaranka in suna tuna da shi."

Maƙeri ya tsaya da rawani a hannu, ya dubi maigidana. "Kai, gaskiya ne? Tsohon tuwo kake ɗumama mana?"

Maigidana bai ma ji shi ba, uwarsa yake kallo baki buɗe. "Inna, wa ya gaya miki?"

"Akuya."

Zauren nan kamar zai tsage. Dariyar ta koma kan Maƙeri da maigidana, har matar Maƙeri ta ce daga yau in zai yi rawa ya fara tambayar kwanan wata. Da hayaniya ta lafa maigidana ya tambaya a hankali ko ya fitar da telen. Inna ta ce, "Wa ya ce ka taɓa shi? Ni aka yi wa dariya?" Sai ta gyara zama ta matsa gefe ɗaya a kan tabarmarta, ta dubi ƙuryar buhunan gero, a gaban unguwa duka ta kira ni da sunana. "Taso nan. Daga can rabin duniya kike gani."

Na ratsa mutane na zauna. Ta ce wa ɗanta, "Tunda ka iya leƙa gaba, ai ka iya komawa baya. Mai da mana ita inda take waƙa."

Ya danna, abin ya yi ta ƙugi, ya tsayar. Ta Fachi ta sake fitowa ita kaɗai ta rufe ido, kamar ba abin da ya same ta.  Kafaɗar Inna na jingine da tawa, ina jin ƙanshin cuku a mayafinta. Maigidana kuma yana durƙushe gefen telen da jiƙaƙƙiyar riga, ba allon yake kallo ba, mu yake kallo yana murmushi. Da waƙar ta ƙare Inna ta ce a sake, ya sake, har aka kira magariba.

Duk wanda ke zauren nan ranar da ya girme ni ya tafi. Inna ta tafi a hannuna, Maƙeri ya bi ta, bara kuma maigidana. Ba na jin kunyar kuka a kansa, ko a gaban surukaina ne. Da ana danna wani abu a mai da mutum baya, ba zan roƙi ranar aurena ba, ba zan roƙi ƙuruciyata duka ba. Wannan la'asar ɗin kawai nake so, in same shi durƙushe a wurin nan, in ce masa ya sake.